Nur, Ihsan ko Iman: wanne za ki sa a buga tun ba ki san abin da za ki haifa ba?

Ni sana'ata buga kayan rabo ce a nan Gusau, sitika, memo, kalanda, kofuna, 'yan bokitai da jakunkunan nan da ake rabawa ran suna ko biki, shekarata takwas kenan ina yi, to kun ga sau da yawa sunan yaro ta hannuna yake fara ratsawa kafin ma ya shiga kunnen dangi. Kuma abin da kullum muke fama da shi da masu haihuwa ɗaya ne, kwana bakwai ba ya isa. An haihu yau, mai jego na kwance, maigida na ta zirga-zirgar rago da goro da itacen wanka, ga wuta ba tabbas, sai ran kwana biyar a faɗo min shago a ce Hajiya don Allah guda ɗari uku muke so zuwa jibi. Shi ya sa masu dabara suke zuwa tun ciki na wata takwas. Sunan yanka dai ba a hannunsu yake ba, wannan na uban ɗa ne da magabatansa, amma lakabi, sunan da za a riƙa kiran yaro da shi a gida saboda alkunya, wannan kam galibi mata ne ke zaɓa. Sai su ce min a samo musu wanda zai hau ko mace ko namiji, kuma in kin bi a hankali a kan guda uku suke ta yawo, Nur, Ihsan da Iman.

Kafin in shiga cikinsu bari in faɗi abin da ya faru a gidanmu, don shi ne ya sa na daina ɗaukar maganar nan da wasa. Shekara biyar da sunka wuce matar ƙanena na da cikin fari, ta je awo anka yi mata sikanin har sau biyu a wani asibitin kuɗi, duka biyun anka ce mace ce. Ta zo shago ta zauna kan bencin bakin ƙofa tana ta fifita da katin awonta, ta ce Yaya ni Ihsan nake so, a yi shi da ruwan hoda a sa ɗan fure a gefe. Na buga mata sitika 300, memo 100, kofuna dozin huɗu, na ɗaure a kwali na tura ƙarƙashin tebur. Daren wata Laraba naƙuda ta tashi, kafin kiran assalatu sai ga ƙanena a waya murya na rawa, Yaya an sauka lafiya, namiji ne. Na yi hamdala na yi sujada, sai da gari ya waye sannan kwalin nan ya faɗo min a rai.

Ran suna anka raɗa wa yaro sunan Babanmu, to ba mai iya kama sunan a gidan, ga shi muna da Abba har biyu da Halifa ɗaya, sai uwar ta ce to a bar mishi Ihsan ɗin mana tunda an riga an buga. Inna ta ajiye carbinta ta ce, mi kunka ce? Isan? Ai wanga sunan ɗiya mata na. Baba ya aika anka tambayi limamin unguwa, ya ce babu laifi ko kaɗan, a ƙasashen Larabawa da Pakistan maza da yawa na amsa shi. Shi kenan magana ta ƙare, na sake buga sitika da kore cikin dare, kofunan kuwa haka anka raba su da furensu. Yanzu yaron ya fara zuwa Islamiyya. Watannin baya ya shigo shago da allonsa a hammata, idonsa ya yi ja, ya tsaya jikin injin bai ce komai ba sai da na ɗaga haɓarsa, ya ce Gwaggo wai sunana na mata ne? Ashe sabuwar malama ce ta zo tana kiran suna, da ta kai kansa ta juya ɓangaren 'yan mata ta ce Ihsan ke, tashi, shi kuma ya miƙe daga layin maza, aji ya kwashe da dariya. A ajin akwai Ihsan uku duk mata. Wallahi ranar har na rufe shago abin na cina. Liman bai yi kuskure ba, amma Inna ma ba ta yi ba, kuma yanzu da uwar ta sake samun ciki ta ce ba za ta ƙara yarda da sikanin ba, a zauna a duba sunayen nan da kyau, shi ne na bi su ɗaya bayan ɗaya.

Nur shi ne haske da Larabci, kuma a cikin ukun shi ya fi tsufa a bakin Bahaushe. Sura ta 24 a Alƙur'ani sunanta kenan, Suratun Nur, a cikinta aya ta 35 take inda Allah ya ce shi ne hasken sammai da ƙasa. Dutsen da kogon Hira yake a Makka, inda wahayi ya fara sauka, Jabalun Nur ake ce mishi, duk wanda ya je aikin Hajji ko Umara an nuna mishi shi. Sayyidina Usman ana mishi laƙabi da Zunnuraini, mai haske biyu, saboda ya auri 'ya'yan Annabi (SAW) guda biyu, Nana Ruƙayya sannan bayan rasuwarta Nana Ummu Kulsum, kin ga a nan ma mata ne aka kira da haske. Mu nan ƙasar Shehu kuma muna da namu alaƙar da kalmar, don littafin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da ya yi faɗa da malaman da ke barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci suna koyar da na waje, Nurul Albabi sunansa. Ni duk sanda na ga an sa wa yarinya Nur wannan ne ke fara zo min.

In an koma ga waɗanda sunka amsa sunan a tarihi za ki ga gaskiya ya raba ƙafa. Nuruddin Zangi, sarkin da ya mulki Halab da Dimashƙa ya rasu a 1174, wanda Salahuddin ya taso a ƙarƙashinsa, namiji ne jarumi. Nur Jahan matar sarki Jahangir na Indiya da ya aura a 1611, wadda har kuɗi anka buga da sunanta, mace ce. Sarauniya Nur ta Jodan ba da sunan anka haife ta ba, Lisa Halaby take a Amurka, sai da za ta auri Sarki Husaini a 1978 ta musulunta ta koma Nur. A Malesiya kuwa 'yan mata birjik ana fara sunansu da Nur, Somaliyawa kuma mazansu ne ke amsa shi. Abin da zai ba ki mamaki shi ne namu Nura. A nan in anka ce Nura kowa ya san gardi ne, Nura mai shayi, Nura tela, Malam Nura, amma a Saudiyya Nura sunan mace ne zalla, har akwai babbar jami'ar mata a Riyad mai sunan Gimbiya Nura, 'yar uwar Sarki Abdul'aziz. Alhazanmu masu suna Nura sun san irin kallon da ake musu in an duba fasfo. Namu Nura daga Nuraddini anka yanko shi, shi ya sa ya zama na maza, mata kuma anka ba su Nuratu da Nuriyya.

To wannan ne ƙarfin Nur a wurinmu. Kunnen Bahaushe ya riga ya saba da shi ta ɓangare biyun. In yaro namiji ne, tsofaffi da kansu za su mai da shi Nuru ko Nura ba tare da kowa ya ce musu ba, kuma Muhammad Nur suna ne da aka sani tun da daɗewa, ba wanda zai ɗaga gira. In mace ce, Aisha Nur ko Fatima Nur ya zauna daram, 'yan matan yanzu da yawa haka ake kiransu. Abu ɗaya da malamai ke jan kunne a kai, kar a ƙara mishi alifi da lam a ce Annur tsurarsa, saboda An-Nur yana cikin jerin sunayen Allah da muke haddacewa tun muna yara, in ana son hakan sai a ce Abdunnur, wanda kuma na maza ne kawai. Na sha samun wadda za ta ce a rubuta mata Annur don ya fi cika ido a jikin kofi, ina gaya mata gaskiya, ta je ta tambaya kafin in buga. Rauninsa kuwa gajarta, gaɓa ɗaya ce tak, in kina ƙwala wa yaro kira daga ƙofar gida Nur ba ya tafiya nesa, dole ki ja shi ya koma Nuuuru, kuma a rubuce ya fi sauran rikici, zan zo kan wannan.

Ihsan kuwa, in ma'ana ake bi, ni a wurina babu kamarsa a ukun, kuma ba don na gidanmu ba. Tushensa ɗaya da Hasan da Husaini da Hasana da Muhsin da Husna, duk kyau ne da kyautatawa. Duk wanda ya yi Islamiyya ya haddace hadisi na biyu a Arba'una, wanda Sayyidina Umar ya ruwaito, ranar da Mala'ika Jibrilu ya zo a siffar mutum da fararen kaya ya zauna gaban Annabi (SAW) ya yi tambaya a kan Musulunci, sannan imani, sannan ihsani, aka ba shi amsa cewa ihsani shi ne ka bauta wa Allah kamar kana ganinsa, in kai ba ka ganinsa to shi yana ganinka. Wato shi ne matakin sama, har ya ɗara imani. Kowace Juma'a liman na rufe huɗuba da ayar nan ta 90 a Suratun Nahli, Allah yana umarni da adalci da ihsani. A Suratur Rahman aya ta 60 an ce shin akwai sakamakon kyautatawa in ba kyautatawa ba. Inda Allah ya yi wasiyya da iyaye a Suratul Isra'i ma kalmar ce ya yi amfani da ita, wa bil walidaini ihsana, to wace uwa ce ba za ta so kullum ta buɗe baki ta kira ɗanta ta tuna mishi da wannan ba? Har ragon sunan kansa yana da rabo a ciki, don hadisi na 17 a Arba'una cewa ya yi Allah ya wajabta ihsani a kan komai, in za ku yi yanka ku kyautata, mutum ya wasa wuƙarsa ya hutar da abin yankansa. Ranar sunan yaronmu da mahauci ke wasa wuƙa a bakin turmi sai da Baba ya karanto shi.

Matsalar ba a littafi take ba. A Turkiyya Ihsan sunan maza ne sosai, a Pakistan ma haka, shahararren malamin nan Ihsan Ilahi Zahir da ya rasu a 1987 namiji ne, Iraniyawa na cewa Ehsan su ma maza. Larabawa suna sa wa maza suna sa wa mata. Amma da ya shigo ƙasar Hausa a 'yan shekarun nan ta ƙofar mata ya shigo, tare da su Hanan da Afnan da Amal da Ilham, lakabin da ake ɓoye sunan kaka mace da shi, har kunnenmu ya ɗauka duk sunan da ya ƙare da wannan sautin mai laushi na 'yan mata ne. A shekara takwas ɗin nan na buga Ihsan ba adadi, kuma in ban da na ƙanena ban tuna na buga wa namiji ba. Yaro ba a Istambul zai tashi ba, a Tudun Wada ko Sabon Gari zai tashi, yaran layinsu ne za su yanke mishi hukunci, ba su san wani malamin Pakistan ba. Sannan ga nauyin faɗa, harafin ha da sin a jere ba su zauna a harshen tsofaffinmu ba, Inna har yau Isan take cewa, wata gwaggonmu ta Ƙauran Namoda kuma Ihisanu, wasu su ji kamar Hasan anka ce su fara tambaya ina Husainin.

Iman ba zan daɗe a kansa ba don ni a ganina shi ne mafi rauni in ana neman na kowa da kowa. Ma'anarsa babba ce, imani, tushensa ɗaya da Aminu da Amina da amana da Mumini, kuma rukunansa shida kowa ya sani. Larabawa mata suke sa wa, 'yar Sarki Abdullahi na Jodan sunanta kenan, a Iran kuma maza ne sunka fi amsa shi. A nan dai na mata ne, ya ma fi Ihsan komawa can. Ga wasu abubuwa biyu da nake so ki sani. Na farko mu Hausawa in kalma ta ƙare da n ko m kusan sauti ɗaya muke fitarwa, to Iman da Imam a bakinmu ba su da maraba, in kin sa wa namiji Iman kowa Imam zai ji, ya rubuta Imam, har wasu su koma ce mishi Liman, in kuwa haka ne gara tun farko ki ce Imam ɗin kowa ya huta. Na biyu kalmar imani a Hausa ta yau da kullum tausayi take nufi, in anka ce wane ba shi da imani ba ana nufin ya kafirta ba, mugu ne kawai. Ranar da yarinya ta ƙwace wa ƙanwarta biskit wani zai ce Iman marar imani, kuma irin wannan tsokanar tana manne wa yaro.

Akwai kuma maganar malamai. Ya tabbata Annabi (SAW) ya canza wa wasu mata suna daga Barra, wato mai yawan ɗa'a, ya mai da su Zainab da Juwairiyya, ya ce kada ku riƙa tsarkake kanku, Allah ne ya san masu ɗa'a a cikinku. Da wannan ne wasu malamai ke cewa sunan Iman akwai yabon kai a ciki gara a kauce, wasu kuma sunka ce fata ne ake wa yaro kamar yadda ake sa Salihu ko Aminu, ba komai. Ni ba malama ba ce, amma in gidanku masu bin irin wannan ne da kyau, ki tambaya tun kafin ki kashe kuɗi, kar sai an raba kaya wani kawu ya taso da fatawa.

Wata ƙawata da nake ba ta labarin nan ta ce ita duk wannan abu na suna ɗaya mace da namiji baƙon abu ne, na 'yan boko ne da masu kallon waya. Na ce mata a'a. Hindu da muke sa wa mata, Nana Khadija tana da ɗa namiji mai suna Hindu ɗan Abu Hala tun kafin ta auri Annabi (SAW). Asma'u akwai sahabi namiji mai sunan, Asma'u ɗan Harisa. A cikin masu ruwayar hadisi akwai wani namiji sunansa Juwairiyya, sunan babansa kuma Asma'u. Mu kanmu Hausawa muna da namu tun kaka da kakanni, sai dai namu ba zaɓa ake yi ba, yadda yaro ya zo ne ke ba shi. Wanda ya biyo bayan tagwaye Gambo ne ko mace ko namiji, Hajiya Gambo Sawaba ta Zariya da ta rasu a 2001 mace ce, Muhammadu Gambo Jimeta da ya yi sufeto janar na 'yan sanda namiji ne, ba wanda ya taɓa ganin abin mamaki. Auta haka, Cindo mai yatsa shida haka, Talle da ya tashi ba uwa ko ba uba haka. Ina jin takaicin yadda muke yar da su kamar wani abin kunya, amma dai ba za su yi miki maganin sitika ba, tunda ba ki isa ki san Auta ba ce sai shekaru sun ja. Kuma kar ki manta harshenmu ba ya barin kowa a tsakiya, ko wane suna kinka zaɓa da an buɗe baki sai an ce ya zo ko ta zo, kai ko ke. Abin da ake nema kawai shi ne sunan da in baƙo ya gani a takarda ba zai yi saurin cewa ke ba alhali kai ne.

Sai maganar rubutu, wadda ita ce mutane ba sa kula da ita sai ta zame musu ciwon kai. Lakabi a gida yake farawa amma ba a gida yake tsayawa ba. Ranar da za a kai yaro nazire yayarsa ce ko ɗan aike zai raka shi, a tambayi suna ya faɗi wanda ya saba ji, shi kenan ya shiga rajista, alhali takardar haihuwa sunan yanka ne a jiki. Shekaru su tafi a zo yin NIN, a zo JAMB da tun 2021 ba a yin rajistarta sai da NIN, a tarar takardu sun ƙi haɗuwa, a shiga zaryar kotu ana rantsuwa ana buga canjin suna a jarida. Nur a nan ya fi kowa rassa, wata ta rubuta Nur, wata Noor, wata Nour, wata Nuur, na taɓa buga wa uwa Noor a kofi uban kuma ya sa anka rubuta Nur a takardar haihuwa. Ihsan yana da Ehsan da Ihsaan da Ihisan, Iman yana da Eman da Imaan ga kuma Imam da ke laɓe a gefe. Shawarata ku zauna ke da maigida ku tsai da rubutu ɗaya tun yanzu, in kuna son lakabin ya bi yaro makaranta to a sa shi a takardar haihuwa a matsayin suna na tsakiya tun ranar farko, in ba ku so kuma a ja wa duk mai kai shi makaranta kunne. Ni na fi son Nur da harafi uku, haka Bahaushe zai karanta shi daidai, Noor ɗin nan na ji wani maroƙi ya karanta shi No'or a gaban jama'a.

To in kin tambaye ni, ga yadda na tsaya. In da gaske ba ki san abin da ke tafe ba kuma kina so ki buga kaya ki kwanta da hankalinki, Nur za ki ɗauka, shi kaɗai ne a ukun da in namiji ya zo ba sai an aika wurin liman ba, Nura da Nuru sun riga sun share mishi hanya. In kina da haƙurin jira har a sauka kuma Allah ya ba ki mace, ni Ihsan zan ce, don ma'anarsa ta fi zurfi kuma a nan ya zauna wa mata kamar don su anka yi shi. In namiji ne kuma ranki na kan wannan ma'anar, ga Muhsin nan, mai kyautatawa, tushe ɗaya ne kuma ba malamar da za ta juya ɓangaren mata. Iman ki bar wa 'ya mace, shi ma bayan kin ji ta bakin malamin gidanku. Rago dai ba ruwansa, a mazhabar Malikiyya da muka tashi a kai ɗaya ne ko mace ko namiji, ko da yake masu bin ruwayar biyu ga namiji suna yanka biyu, wannan lissafin na maigida ne.

Yaronmu ba mu canza mishi ba, ya riga ya san kansa da sunan. Na zaunar da shi kan bencin nan na karanta mishi hadisin Jibrilu da Hausa daidai hankalinsa, na ce ka ji, sunanka ne a sama da duka, kuma akwai manyan malamai maza masu irinsa. Uban ya je ya samu malamar cikin mutunci, ta ba da haƙuri, yanzu Muhammad Ihsan take kiransa a haɗe. Ya daina kuka amma na lura in baƙo ya tambaye shi suna sai ya ɗan yi jim kafin ya faɗa, kuma wannan jim ɗin yana taɓa ni.

Uwar ta zo shekaranjiya, ciki ya tsufa har sai da na miƙa mata hannu ta hau dakalin shago. Ta ce Yaya na yi shawara da shi, Nur ɗin za a sa. Na ce da wane launi, ta ce ke dai ban da ruwan hoda ban da shuɗi. Mun tsaya a kan kore da ruwan zinare, ba fure, sai ɗan hoton fitila a gefe. Kofuna da bokitai na riga na buga su da Nur kaɗai, sitika da memo kuwa na bar layi ɗaya fili a saman sunan, in an yi raɗa da safe ƙanena zai bugo min, kafin mata su fara taruwa da la'asar na cike shi na aika da ɗan acaɓa. Inna da anka gaya mata ta ce to, Nuru ko Nuratu, Allah shi sauke ta lahiya.